Kiɗan Majigi a Torino, 1912

Ni ne Amilcare, mai fiyano a gindin farin ƙyalle,
a wani ɗakin majigi bayan kasuwar Porta Palazzo,
inda hayaƙin taba ke iyo cikin hasken inji.
Mutanen kan ƙyallen nan ba su da murya.
Baki na motsi, jijiyar wuya na tashi,
amma ko tari ba ka ji.
Yatsuna ne harshensu. Abin da na ce, shi suka ce.

Fim ɗin makon nan na mata da miji ne,
rigima a kan makullin kabad ɗin abinci.
Shi gajere, gashin baki kamar ƙahon rago,
ita doguwa, ta naɗe hannun riga.
Ya ɓoye makulli a hula, ta kaɗe hular da muciya.
Ya haɗiye shi, ta kama ƙafafunsa tana zazzagewa
kamar mai kakkaɓe buhun gari.
Faranti goma sha ɗaya suka mutu, na ƙirga,
ban da tulun madara da ya sauka a kan ɗan sanda.

In ya shigo sai in ba shi taken sojoji.
In ta shigo sai in danna can ƙasa,
gurnani, tafiyar giwa a kan katako.
Maƙeran mota, da baƙin mai a farce,
su yi ta ƙyaƙyatawa har benci na kuka.
Matansu a gefe, hannu a cinya,
da murmushin da bai wuce leɓe ba.

Zelinda tawa tana ƙofa tana yagar tikiti.
Shekara goma sha tara da aure
ban taɓa ganin cikin akwatin kuɗinmu ba.
Makullinsa na wuyanta, igiya ɗaya da gicciye.

Ran Laraba ƙofar tarago ta datse min yatsu uku,
suka kumbura kamar karas.
Mai ɗakin majigi ya ce a mayar wa mutane kuɗinsu.
Zelinda ta ce, "Kuɗin da na riga na ƙirga?"
Ta tuɓe safar hannu, ta zauna a kujerata.
Ashe a coci ta koya tun tana yarinya.
Ban taɓa tambaya ba.

Fim ɗin jiya ne, ba a ƙara masa ko ƙiftawar ido ba.
Amma da gajeren ya shigo yana hura hanci
sai ta ba shi kukan ɗan tsako, tsiyak-tsiyak can sama.
Da matar ta durƙusa tana tsince fasassun faranti,
wurin da ni kan tsaya in kurɓi ruwa,
sai ta saki wani kiɗa a hankali, mai nauyi,
irin na wanda ke tsaye tun asuba.
Nan na ga abin da na kalla sau ashirin ban gani ba:
kabad ɗin da suka buɗe a ƙarshe
ba komai cikinsa sai albasa ɗaya.

Dariya ta tashi, amma daga ɗaya gefen.
Wata mai wankau ta yi har da hawaye
tana zungurin mijinta da gwiwar hannu.

Muka nufi gida ta bakin kogin Dora, ƙanƙara na zuba,
ba wanda ya ce uffan, sai ka ce mu ne a kan ƙyallen.
A ɗaki ta ciro makullin daga wuya ta miƙo.
"Buɗe ka ƙirga."
Na buɗe da hagu.
Lira huɗu, takardar bashin mai gawayi,
da maɓallin rigata da ya ɓace tun bara.
Na rufe, na mayar mata.

Ta ce, "Gobe ma ni zan kaɗa, yatsunka ba su warke ba."
Na ce, "To wa zai yagi tikiti?"
Ta dubi hannuna na hagu,
ta hure fitila.